Abu biyu suna tsaye, suka ture juna: daga ina motsin ya fito?

Wani ɗalibi da ke zaune a Agege, mai shirin rubuta jarrabawar WAEC, ya aiko mini da tambaya. Ga ta a taƙaice: "Malam, Allah ya ƙara basira. An koya mana cewa jimillar momentom, wato nauyin abu sau gudunsa, ba ta ƙaruwa, ba ta raguwa. To abu yana ajiye ba ya motsi, momentom ɗinsa sifili ne. Sai ya tsage biyu, ko mutum biyu da ke tsaye suka ture juna, kowa ya yi nasa wuri da gudu. Ai ke nan an samu motsi daga babu. Ina dokar take? Na biyu, an ce ƙarfin da bindiga ta tura harsashi da shi, da shi harsashin ya tura bindiga. Me ya sa harsashi ke kisa, amma bindiga ba ta kashe mai harbi?"

Amin, ɗana, Allah ya ba da sa'a. Tambayoyin naka biyu ne a ido, amma igiya ɗaya ta ɗaure su. Na kuma ji daɗin ganinsu, domin na daɗe ina koyar da fiziks a sakandare a nan Legas, kuma yawancin ɗalibai haddace dokar nan suke yi, su juye ta a takardar jarrabawa, su wuce abinsu, ba ta taɓa hana su barci ba. Kai da ta dame ka, ka kama hanya.

Bari in fara da abin da ya same ni, ko da za ka yi mini dariya. Shekarun baya na je ta'aziyya Makoko, mahaifin wani ɗalibina ya rasu. Ka san unguwar, gidajen katakon nan da ke tsaye a kan ruwa, waɗanda ake hangowa daga gadar Third Mainland. Cikin unguwar sai da kwalekwale. Da za mu fito, sauran fasinjoji duk suka sauka a wata mashiga, ya rage daga ni sai yaron da ke tuƙi, wanda bai wuce shekara 12 ba. Muka iso bakin dakalin katako, tazarar ba ta kai taku ɗaya da rabi ba. Ban jira ya ɗaure igiya ba. Na tattare babbar riga, na yunƙura, na yi tsalle. Sai na ji kwalekwalen ya sulale ƙarƙashin ƙafata kamar an fizge tabarma. Gwiwata ta bugi bakin katako, sai ga ni tsundum cikin baƙin ruwan nan har ƙugu, hulata tana yawo a sama. Yaron ya riƙe ciki yana dariya, yana kiran abokansa da yarensu su zo su gani. Malamin fiziks ne ya sha ruwa saboda dokar da ya gama koyarwa a makon.

Me ya faru? Momentom, in za mu raɗa masa suna da Hausa, sai in ce nauyin tafiya. Nauyin abu ne sau gudunsa. Tirela mai ɗauke da kwantena tana rarrafe a hanyar Apapa tana da shi da yawa saboda nauyi, harsashi kuma yana da shi saboda gudu. Idan na ce nauyi a nan, ina nufin yawan abin, wanda sikelin 'yan albasa a kasuwar Mile 12 ke faɗa maka da kilo. Sai dai akwai wutsiyar da ɗalibai ke yankewa, kuma ita ka yanke: gudun da ake nufi yana tafe da alƙiblarsa. Mita 2 a daƙiƙa zuwa gabas da mita 2 a daƙiƙa zuwa yamma kishiyoyin juna ne. Idan ka ba na gabas alamar tarawa, tilas na yamma ya ɗauki alamar ɗebewa, kuma idan ka haɗa su sai su cinye juna.

Ɗan kasuwa ya fi kowa saurin gane wannan. Ɗauki wa da ƙane a gida ɗaya, aljihun kowa wayam. Wata magana ta shiga tsakaninsu, aka rubuta a littafi cewa wan yana bin ƙanen naira 5,000. Yanzu a shafin wan akwai 5,000 da yake jira, a shafin ƙanen akwai 5,000 da ke wuyansa. Kowa yana da lamba a gabansa, har tana iya haddasa rigima, amma dukiyar gidan ba ta ƙaru da ko kwabo ba. Jiya sifili, yau ma sifili. Sifilin jiya na babu da babu ne, na yau kuwa na akwai da bashinsa ne. Dokar momentom jimillar gida kaɗai take tsaro, ba ruwanta da abin da ke shafin kowane ɗaya.

Mu saka lambobi a kan wankan da na yi. Mu ƙaddara ina da kilo 60, lokacin ban ajiye teɓa ba, kwalekwale da yaron kuma kilo 120. Muna tsaye cik, jimilla sifili. Na bar kwalekwalen da gudun mita 2 a daƙiƙa wajen dakali, momentom ɗina 60 sau 2, wato 120. Don jimilla ta zauna a sifili, dole kwalekwalen ya ɗauki 120 zuwa baya. Raba 120 da nauyinsa, kilo 120, ka samu mita 1 a daƙiƙa. Ka lura da abin da ya kayar da ni: ni da kwalekwalen mun rabu da juna da gudun mita 3 a daƙiƙa, kuma shi ƙafata ta ji, shi ta saba da shi a kan tudu. Amma a cikin ukun nan biyu ne kawai suka kai ni wajen dakali, ɗayan ya tafi da katakon da nake takawa. Da fasinjoji shida suna zaune, nauyin ya kai kilo 480, da baya da zai yi bai wuce rubu'in mita a daƙiƙa ba, da na sauka da rigata a bushe. Babban jirgin ruwan fasinja irin na Ikorodu kuwa, in muka ce kilo 12,000 ne, santimita 1 a daƙiƙa zai matsa, ba wanda zai lura. A zahiri ma ruwan da ke kewaye da kwalekwalen yana rage masa wannan gudun, don sai ya ture ruwa kafin ya wuce, amma bai rage isasshe ba ranar.

Za ka ce wa ya tilasta wa kwalekwalen ɗaukar 120 daidai wa daida? Dokar Newton ta uku. Ƙarfin da tafin ƙafata ya danna katako da shi, da shi katakon ya danno ƙafata, fuska ce kawai ta bambanta. Sannan ga abin da ba a cika faɗa a aji ba: lokacin ma ɗaya ne. Ba yadda za a yi ƙafata ta taɓa katako na rabin daƙiƙa, shi kuma katakon ya taɓa ƙafata na daƙiƙa guda. Tare muka haɗu, tare muka rabu. Canjin momentom kuwa ƙarfi ne sau lokacin da ya yi yana aiki. Ƙarfi ɗaya, lokaci ɗaya, fuska kishiya: abin da na samu gaba, shi ya samu baya. Dokar ke nan ɗungurungum, ba wani siddabaru a ciki.

Kada ka ji kunyar kuskuren nan, na manya ne. René Descartes, masanin Faransa, ya rubuta a 1644 cewa yawan motsin da ke duniya ba ya canzawa, ya kuma auna shi da girman abu sau saurinsa, bai saka alƙibla ba. Da lissafinsa, tsallena ya ƙirƙiro motsi 240 daga babu, kamar dai yadda ka ce. Sai a shekarun 1668 da 1669 ne John Wallis da Christopher Wren da Christiaan Huygens suka gabatar wa ƙungiyar masana ta Landan ƙa'idojin karo da suka gyara wannan, kafin Newton ya tattara komai a 1687.

To amma tambayarka ba ta mutu ba tukuna, kuma nan ne nake so ka nutsu. Ka ce motsi ya fito daga babu. Gaskiya ne an samu wani abu da ba a gani da farko: ɗazu ba abin da ke motsi, yanzu abu biyu suna gudu. Wannan sabon abin da idonka ya gani sunansa kuzarin motsi, kuma littafinsa daban ne da na momentom. Ana lissafa shi da rabin nauyi sau gudu sau gudu, ma'auninsa kuma jul ne. Ba shi da alƙibla, don haka na gabas ba ya cinye na yamma, taruwa suke yi. Nawa rabin 60 sau 2 sau 2, jul 120. Na kwalekwale rabin 120 sau 1 sau 1, jul 60. Jimilla jul 180, inda ɗazu sifili ne. Shi ma bai faɗo daga sama ba. Yana ajiye a naman cinyata, daga kokon da ƙosan da na karya da su. A bindiga yana ajiye cikin albarushi, a danƙo yana cikin miƙewar roba, a taya yana cikin iskar da aka matse. Ajiyayyen kuzari ne ya sauya kama ya zama na motsi. Momentom shi ne alƙalin da ke zaune wajen rabon, yana cewa duk yadda za ku raba, sai nauyi sau gudu na wannan ya yi daidai da na wancan.

Rabon kuwa ba na adalci ba ne, kuma amsar tambayarka ta biyu ke nan. Ɗauki bindiga mai kilo 4 da harsashi mai giram 10, wato kilo 0.01, ya fita da gudun mita 800 a daƙiƙa. Momentom ɗin harsashi 0.01 sau 800, wato 8. Bindiga ma 8 zuwa baya, raba da kilo 4, mita 2 a daƙiƙa, saurin mai tafiya da hanzari ya kama motar BRT. Har nan kunnen doki suke. Yanzu buɗe littafin kuzari. Harsashi: rabin 0.01 sau 800 sau 800, jul 3,200. Bindiga: rabin 4 sau 2 sau 2, jul 8. Ka gani? Harsashi ya kwashi ninki 400 na abin da bindiga ta samu, kuma 400 ɗin nan ba haɗari ba ne, shi ne yawan ninkin da bindiga ta fi harsashi nauyi. Duk lokacin da abu biyu suka rabu daga tsaye, marar nauyi ne ke tafiya da kaso mai tsoka, daidai gwargwadon rashin nauyinsa. Dalili a fili yake: ƙarfi ɗaya ne ya ture su na lokaci ɗaya, amma a cikin wannan lokacin harsashi ya ratsa dogon bututu ana tura shi, ita kuwa bindiga ko faɗin yatsa ba ta matsa ba. Kuzari kuma ƙarfi ne sau tazarar da aka yi ana turawa. Abin da ke yaga nama ya fasa ƙashi kuzari ne. Ƙara da cewa jul 3,200 na harsashi a kan tsinin da bai kai kan yatsa ba suke sauka, jul 8 na bindiga kuma a kan faffaɗan gindinta, sai ka ga me ya sa ɗaya ke kisa, ɗaya ke barin tsamin kafaɗa.

Tsofaffin mafarautan garinmu ba su san lissafin nan ba, amma duk yaron da aka fara ba bindigar toka sai an ce masa ya danna gindinta sosai a kafaɗa. In ka bar tazara, bindigar ita kaɗai za ta ɗauki gudunta na mita 2 a daƙiƙa ta zo ta nushe ka. In ka manne ta, kai da ita kun zama abu ɗaya, mu ce kilo 80, sai momentom 8 ɗin nan ya ba ku mita 0.1 a daƙiƙa, kuzarin kuma a takarda ya sauko ƙasa da rabin jul. Shurin bindiga na gaske ya ɗan ɗara lissafinmu, domin ba harsashi kaɗai ke fita ba, hayaƙin albarushi ma yana fita da gudu, shi ma yana da nasa momentom. Shi ya sa wanda ya yi zari ya cika albarushi ke shan shuri.

Wannan lissafin ne ma ya ɓata mini kallon finafinan harbe-harbe. Ka ga an harbi ƙato, ya tashi sama ya fasa taga ya faɗa waje. Momentom 8 ne ya shige shi. In kilo 80 ne, santimita 10 a daƙiƙa zai samu. Da harsashi zai iya ɗaga shi haka, da mai harbin ma ya tashi ya fasa tagar da ke bayansa.

Akwai sharaɗi da ake rubutawa a ƙarshen dokar, ɗalibai suna karanta shi kamar addu'ar rufe taro: muddin babu ƙarfi daga waje. Muhimmancinsa ya wuce haka. Kafin ka taɓa alƙalami, zana da'ira a zuciyarka ka ce su wa da wa ke ciki. Duk turin da 'yan cikin da'ira suka yi wa juna ba ya canza jimilla. Danfo ta mace a tsakiyar titin Ikorodu, kwandasta yana ihu a taimaka. Ko fasinjoji goma sha huɗu za su haɗu su tura kujerun gabansu har jijiyar wuya ta fito, motar ba za ta gusa ba, domin hannu yana tura kujera gaba, ƙafa da mazaunai suna tura motar baya. Sai an sauko an kafa ƙafa a kwalta. Kwalta ita ce ta waje.

In kuwa ka faɗaɗa da'irar ta haɗa da duniya kanta, har turin danfo ya koma cikin doka. Idan ka yi tsalle sama a tsakar gidanku, kai kilo 60 da gudun mita 3 a daƙiƙa, ka ture duniya ƙasa da momentom 180. Nauyin duniya kusan kilo 6 ne da sifili 24 a bayansa. Gudun da za ta samu, sai ka rubuta ɗigo da sifili 22 kafin ka rubuta 3. Da wannan tafiyar sai ta yi shekara wajen dubu ɗari kafin ta matsa faɗin ƙwayar zarra guda, kuma ba za ta samu damar ba, don kafin daƙiƙa ɗaya kun jawo juna kun koma inda kuke. Kwalekwalen Makoko da duniya aiki ɗaya suke yi ƙarƙashin ƙafa. Bambancin, ɗaya ana ganin gudunsa.

Wata fuskar dokar da nake so ita ce ta cibiyar nauyi. Idan jimillar momentom sifili ce, wurin da nauyin duka ya daidaita ba ya gusawa, komai rawar da 'yan ciki za su taka. Kwalekwale mai tsawon mita 3 da nauyin kilo 120 yana tsaye a ruwa marar motsi, hancinsa yana taɓa gaɓa, kai mai kilo 60 kana can ƙarshensa. Ka taka a hankali zuwa hanci. Kana isowa za ka tarar gaɓa ta yi maka nisan mita 1. Ka yi tafiyar mita 3 a kan katako, amma mita 2 kawai ka ci a kan ruwa, katakon ya ja baya da 1. Duba: 60 sau 2 daidai yake da 120 sau 1. Masu fito sun san haka tun suna yara, shi ya sa igiya ke fara sauka kafin mutum.

Roka ma kwalekwale ce, sai dai ta tafi da abin jifarta. Zauna cikin kwalekwale da buhun kwakwa, ka riƙa jefa su baya ɗaya bayan ɗaya, za ka yi gaba ba tare da filafili ya taɓa ruwa ba. Roka tana ƙona mai, tana watsa hayaƙin baya da gudun da ke kai kusan kilomita 4 da rabi a daƙiƙa a injinan da suka fi kyau, ita kuma tana yin gaba. Mutane da yawa, har da masu ilimi, suna zaton iskar da ke bayanta take tokarawa. A watan Janairun 1920 jaridar New York Times ta yi wa Robert Goddard, masanin roka na Amurka, ba'a a kan haka, tana nuna cewa roka ba za ta yi aiki a sararin da babu iska ba, kuma wai ilimin da ake ba 'yan sakandare ma ya kuɓuce masa. Goddard ya harba rokarsa ta farko mai ruwan mai ranar 16 ga Maris 1926. Jaridar ba ta janye maganarta ba sai 17 ga Yulin 1969, kwana ɗaya bayan Apollo 11 ya tashi zuwa wata. Iska ma cikas ce ga roka, ta fi sakewa inda babu ita. Wahalar ita ce kewaya duniya yana bukatar gudun kusan kilomita 7.8 a daƙiƙa, kuma kwakwar da za ka jefa a ƙarshe sai ka ɗauke ta tun daga farko, ka yi ta jan nauyinta. Shi ya sa kusan kashi 90 cikin 100 na nauyin roka a ƙasa mai ne. Wanda ya fitar da lissafin wannan a 1903, Konstantin Tsiolkovsky, malamin makaranta ne a garin Kaluga na Rasha, abin da nake yawan tuna wa abokan aikina idan ana kukan albashi. Daga Rashar ne kuma, a tashar Plesetsk, aka harba tauraron ɗan Adam na farko na Nijeriya, NigeriaSat-1, a watan Satumbar 2003, shekara ɗari cif bayan lissafin nasa.

Idan abu ya fashe gida uku ko fiye, kamar abin wasan wutar da yara ke cika mana kunne da shi a ƙarshen Disamba, doka ba ta sauya ba, sai dai ka tsare ta ta kowace fuska: na gabas da yamma su cinye juna, na kudu da arewa ma haka. Masu jarrabawa suna son wannan. Ɓangare ɗaya ya yi gabas da momentom 30, na biyu ya yi arewa da 40. Haɗinsu 50 ne, ba 70 ba, domin kusurwarsu a miƙe take kamar ta bango da daɓe, ka tuna alwatikan 3, 4, 5. Na uku dole ya ɗauki 50 ya nufi tsakanin kudu da yamma. In kilo 5 ne, gudunsa mita 10 a daƙiƙa.

Masana sun amince da dokar nan har sun gano abin da ido bai gani ba da ita. Akwai ƙwayoyin zarra da cibiyarsu ke tsagewa da kanta. Ta sinadarin foloniyam-210, mai nauyin 210 a ma'aunin zarra, tana tofar da ƙaramin gutsure mai nauyin 4, saura 206 ya zama dalma. Abu biyu ne daga tsaye, bindiga da harsashi sak, don haka rabon a ƙayyade yake: ƙaramin yana tafiya da kusan kashi 98 cikin 100 na kuzarin, kuma kullum adadi ɗaya ake aunawa. Amma a wani nau'in tsagewar, inda ilektiron, wani ɗan mitsitsin gutsure mai ɗauke da lantarki, ke fita, sai aka ga yau ya fito da kuzari mai yawa, gobe kaɗan, ba tsayayyen adadi. Abu biyu ba sa iya yin haka. A Disambar 1930 masanin fiziks Wolfgang Pauli ya ce to lallai akwai na uku da ke sulalewa da sauran ba a ganinsa. Enrico Fermi ya yaɗa sunansa, niyutirino, kuma sai a 1956 Clyde Cowan da Frederick Reines suka kama shi a gwaji. Shekara 26 littafin yana nuna giɓi, aka ƙi yarda cewa lissafi ne ya yi ƙarya, aka yi ta neman wanda ya ɗauka. Tun 1918 ma Emmy Noether, wata masaniyar lissafi Bajamushiya, ta nuna asalin dokar: tana fitowa ne daga kasancewar ƙa'idojin halitta ba sa canzawa don an canza wuri. Gwajin da ka yi a Agege, in ka kwashe kayanka ka maimaita a Sakkwato, amsa ɗaya zai ba ka.

Game da jarrabawarka, inda na fi ganin jan biro ya yi aiki wuri uku ne, kuma ba ɗaya da ya shafi wuyar fiziks. Ana ba da harsashi da giram, bindiga da kilo, yaro ya manta bai mayar ba, ya fito da bindiga mai gudun mita 2,000 a daƙiƙa, ya ja layi biyu a ƙasa ko a jikinsa. In amsa ta fito, tsaya ka tambayi kanka ko mai hankali zai yarda da ita. Sai alamar ɗebewa: zaɓi fuska ɗaya tun farko ka rubuta a gefe, in amsar ta zo da ɗebewa kada ka goge, baya take nufi. Na ukun ya fi dabara. Karanta ka ga gudun da aka ba ka, daga ƙasa aka auna shi ko daga jikin ɗaya abin? "Ya yi tsalle da mita 3 a daƙiƙa dangane da kwalekwale" daban yake da "dangane da gaɓa". A na farko, ukun nan na rabuwa ne, sai ka raba shi 2 da 1 kamar yadda ya faru da ni. Kuma kada ka damu da cewa ruwa ko gogayyar ƙasa za su tsayar da abubuwan daga baya. Ana amfani da dokar ne tsakanin gab da turi da gab da bayansa, ɗan lokacin da ƙarfin waje bai samu sukunin yin wani abin kirki ba.

Gani ya kori ji, don haka ga aikin da zan ba ka. Nemi maƙalin shanya irin mai waya a tsakiya, da kwalin ashana biyu iri ɗaya. Cika ɗaya da yashi taf, ɗayan kuma rabi, ka liƙe bakinsu. Matse ƙafafun maƙalin ka ɗaure su da zare, ka kwantar da shi a kan tayil ko tebur mai santsi, ka jingina kwali ɗaya a kowace ƙafa, ka yi alama da alli inda kowanne yake. Ƙyasta ashana ka ƙona zaren, kada hannunka ya taɓa komai. Kwalayen za su watse, mai rabin yashi da ninkin gudun ɗan'uwansa. Ɗauko rula ka auna tazarar da kowanne ya yi kafin ya tsaya. Za ka sa ran ninki biyu, amma abin da za ka gani zai fi kusa da ninki huɗu, domin tazarar tsayawa tana bin gudu sau gudu ne. Ba zai fito cif ba, kwali ɗaya zai juya, maƙalin ma zai ɗan yi nasa tsallen, don haka ka maimaita sau biyar ka ɗauki matsakaici. Ka yi shi nesa da ledar ɗakin mahaifiyarka, sannan ka aiko mini da lambobin da ka samu.